Rigimar Maigida Da Yaronsa: Shin Caji Ofis Ne Mahallinta?

A wannan mako muna so mu tattauna da 'yan'uwanmu 'yan kasuwa da ma'aikatan gwamnati a kan wata al'ada da ta yi kaka-gida a tsakaninmu har an daina ganin muninta, watau ɗaukar ɗan saɓanin wurin aiki a kai shi gaban 'yan sanda, a sa masa rigar laifi, a tsare mutum, a gurfanar da shi gaban kotu kamar ɓarawon da aka kama da kaya a hannu. Abin tambaya shi ne, idan irin wannan ƙara ta shiga, shin hukuma tana da ikon kashe ta, kuma shin addini ya yarda a kashe ta? Za mu duba maganar ne daga ƙasar Gobir ta gabashin Sakkwato, watau Sabon Birni da Isa, domin a can ne muka ga abin da ya sa muka ɗauki alƙalami.

A wani gari da ba za mu ambata ba, wani attajiri ya ba yaronsa jari ya tsallaka wajen Maraɗi ya sayo wake da dabbobi, kamar yadda suka saba shekara da shekaru. Ana cikin haka sojoji suka hamɓare gwamnatin Nijar ranar 26 ga Yuli 2023, a watan Agusta kuma Nijeriya ta rufe iyaka, ba ta buɗe ba sai a watan Maris 2024. Kaya suka maƙale, dabbobi suna ci ba a sayarwa, canjin sefa da naira yana ta sauyawa. Da yaron ya samu ya dawo, sai lissafi ya ƙi cika. Maigida bai zauna da shi ba, bai kira kowa ba, ya zarce caji ofis ya ce an ci amanarsa. Yaro ya kwana huɗu a tsare, ba abin da yake maimaitawa sai, “Maigida, wallahi ban ci maka ko kwabo ba, a kawo littafi a duba.” Ba a kawo littafi ba. Mahaifiyarsa ta sayar da tumakinta biyu aka rage bashin da ba a tabbatar ba, sa'an nan aka ba da belinsa, ƙara kuwa tana nan a rubuce.

To, mene ne matsayin wannan yaro a shari'a? Malamanmu na Malikiyya sun yi bayani filla-filla, kuma yana nan cikin littattafan da alƙalan ƙasar nan suka daɗe suna hukunci da su, irin su Risala ta Ibn Abi Zaid, da Mukhtasar na Shaihu Khalil, da Tuhfa ta Ibn Asim. Wanda aka ba kuɗi ya juya a raba riba, watau ƙiradi, amintacce ne. Idan aka yi riba a raba yadda aka yi sharaɗi, idan aka faɗi kuwa asarar dukiya ta mai dukiya ce, shi kuma yaro ya yi asarar wahalarsa. In ya ce kaya sun lalace ko an faɗi, maganarsa ake karɓa tare da rantsuwa, sai fa in mai dukiya ya kawo abin da ke nuna ƙarya ko sakaci ko ƙetare sharaɗi. Haka kuma ɗan ƙodagon da ke aiki ƙarƙashin mutum guda a kan lada, kamar yaron kanti ko mai gadi ko direba, ba ya biyan abin da ya salwanta a hannunsa in ba da sakacinsa ba. Waɗanda Malikiyya suka ɗora wa biya su ne masu sana'ar da suka buɗe ƙofa ga kowa, kamar maɗinki da marini da maƙeri, saboda maslahar jama'a. Saboda haka attajirin da ya ce “kuɗina kawai nake so su cika” yana neman abin da shari'a ba ta ba shi ba tun farko, balle ya nema ta hanyar ɗaure mutum.

Ko da an tabbatar yaro ya taɓa dukiyar, shari'a ba ta kiransa ɓarawo irin wanda ake yanke wa hannu. Sata mai haddi ita ce ɗauke abin da ya kai nisabi, watau rubu'in dinari ko dirhami 3, a ɓoye, daga ma'ajiyar da ba a yi wa mutum izinin shiga ba. Wanda aka damƙa wa mabuɗi da hannu maha'inci ne, kuma hadisin Jabir da Abu Dawuda da Tirmizi suka ruwaito ya fitar da maha'inci daga haddin sata. Hukuncinsa ya mayar da abin da ya ci, alƙali kuma ya ladabtar da shi gwargwadon abin da ya gani.

Imamu Malik ya kawo labarai biyu cikin Muwaɗɗa waɗanda ya kamata kowane maigida ya sani. Na farko, wani mutum da ake kira Abdullahi ɗan Amru Bahalarame ya kawo baransa gaban Sayyidina Umar, Allah Ya yarda da shi, yana neman a yanke masa hannu domin ya ɗauke madubin matarsa wanda kuɗinsa ya kai dirhami 60. Umar ya sa a sake shi, bisa hujjar cewa mai hidimar gida ne ya ɗauki kayan gida. Na biyu ya fi wannan nauyi. Bayin Haɗibu suka sace taguwar wani mutumin Muzaina suka yanka suka ci. Har Umar ya yi umurni da haddi, sai ya lura cewa ubangidansu yana barinsu da yunwa, nan take ya juya hukuncin kan ubangidan, ya sa shi biyan dirhami 800 a kan taguwar da mai ita ya yi wa kuɗi 400. Gaskiya ne Malik ya bayyana cewa ba a kan ninka kuɗin ake aiki ba a Madina, amma abin lura yana nan: Sarkin Musulmi bai tsaya ga abin da bara ya yi ba, sai da ya tambayi abin da aka yi wa baran. Attajirin da ke riƙe ladan yaronsa wata uku, sa'an nan ya kai shi ƙara a kan buhu guda, ya tuna da hadisin da Buhari ya ruwaito, inda aka lissafa wanda ya ci gumin ɗan ƙodago cikin mutum uku da Allah da kansa zai yi husuma da su ranar alƙiyama.

Akwai kuma maganar tuhuma ita kanta. Ibn Farhun cikin Tabsiratul Hukkam ya kasa waɗanda ake tuhuma kashi uku: wanda aka sani da kirki, da wanda aka sani da ɓarna, da wanda ba a san halinsa ba. Na farkon ba a tsare shi ba a muzanta shi, har ma da yawa daga malaman mazhaba sun tafi a kan a ladabtar da wanda ya tuhume shi, domin kada mutuncin mutanen kirki ya zama abin wasa. Yaron da ya yi shekara goma yana riƙe maka kuɗi ba ka taɓa kama shi da komai ba, a wane kashi za a sa shi?

Kada wani ya zaci dokar boko ta saɓa wa wannan. Kundin laifuffuka na Arewa da ake kira Final Kod, wanda aka zartar a 1959 ya fara aiki ranar 30 ga Satumba 1960, ya biyo bayan shawarar wani kwamitin masana da gwamnatin Sardauna ta kafa a 1958 ƙarƙashin Sayyid Muhammad Abu Rannat, Alƙalin Alƙalan Sudan. An kwaikwayo shi daga kundin Sudan, shi kuma daga kundin Indiya na 1860. A cikinsa ne aka sami laifin cin amana a sashe na 311 da 312 mai ɗaurin da zai iya kai shekara 7, da na akawu ko bara a sashe na 314 mai kai shekara 10, da zamba a sashe na 320. Waɗannan su ne ƙofofin da ake bi a mai da bashi laifi. Amma kowanne daga cikinsu yana da sharaɗi guda da masu kai ƙara ke tsallakewa, shi ne niyyar ha'inci. Asara ba ha'inci ba ce, jinkirin biya ba zamba ba ne. Kundin nan kuma, a sashe na 58, ya ce cutarwar da ta yi ƙanƙantar da mai hankali da matsakaicin hali ba zai kai kuka a kanta ba, ba laifi ba ce sam. Jihar Sakkwato ta kafa kundin laifuffuka na shari'ar Musulunci a 2001, ta kuma sabunta Final Kod ɗinta da dokar tafiyar da shari'ar laifuffuka a 2019, lambobin sassa sun canja, amma ba a mai da bashi laifi ba.

Dokokin baya-bayan nan ma sun fito fili. Dokar tafiyar da shari'ar laifuffuka ta tarayya ta 2015, a sashe na 8, da Dokar 'Yan Sanda ta 2020, a sashe na 32, duk sun hana kama mutum saboda saɓanin ciniki ko saɓa yarjejeniya kawai. Dukkansu kuma sun hana kama wani a madadin wani, watau al'adar nan ta tsare uba ko ƙane har sai wanda ake nema ya fito. Tsarin Mulki na 1999 a sashe na 35 ya ce a kai wanda aka tsare kotu cikin kwana ɗaya in akwai kotu cikin kilomita 40, in babu kuwa kwana biyu, kuma wanda aka tsare ba bisa ƙa'ida ba yana da haƙƙin diyya da neman gafara a bainar jama'a. Kwana huɗun da yaronmu ya yi, ba wata doka da ta ba da su.

Shari'ar da ta fi shahara a kan wannan batu daga Kaduna ta taso, kuma a kan raƙumin dawa aka yi ta. An biya wani mutum kuɗi ya samo ɗan raƙumin dawa domin gidan namun daji na Fatakwal, lokaci ya wuce bai kawo ba. Maimakon a bi shi bashi a kotu, sai aka kai wa 'yan sanda, suka gurfanar da shi gaban majistare a kan zamba da cin amana, aka same shi da laifi. Ya ɗaukaka ƙara zuwa Babbar Kotu ya faɗi, ya je Kotun Ɗaukaka Ƙara ya faɗi. Sai a 2020 Kotun Ƙoli ta soke hukuncin baki ɗaya, ta wanke shi, ta bayyana cewa abin da ke tsakaninsu yarjejeniyar ciniki ce, maganinta ƙarar neman haƙƙi, kuma ba aikin ɗan sanda ba ne karɓo bashi ko tilasta cika alkawarin ciniki. Wannan ba tsakanin maigida da yaro ba ne, amma ƙa'idar ɗaya ce, kuma hukuncin Kotun Ƙoli yana hawa kan kowace kotu a ƙasar nan, har da ta Isa da ta Sabon Birni. A Indiya ma, inda asalin kundin ya fito, Kotun Ƙolinsu a shari'ar Bhajan Lal ta 1990 ta jera hali bakwai da babbar kotu za ta kashe tuhuma tun kafin a fara sauraro, daga ciki akwai inda ko an gaskata duk abin da mai ƙara ya faɗa bai kai laifi ba, da inda aka shigar da ƙarar don huce haushi.

Hanyoyin kashe irin wannan ƙara a nan gida ba ɓoyayyu ba ne. Babban ɗan sandan caji ofis yana iya cewa wannan ba tamu ba ce, ku tafi kotu ko ku sasanta. Alƙali ko majistare yana iya sallamar wanda ake tuhuma idan ya ga tuhumar ba ta da tushe. Mai ƙara yana iya yafewa a ƙananan laifuffukan da doka ta yarda a sasanta, kamar zagi da ɓata suna da ɗan rauni. Babban Lauyan Jiha yana da iko ƙarƙashin sashe na 211 na Tsarin Mulki ya dakatar da shari'ar laifi kafin a yanke hukunci. Babbar Kotu kuma tana iya soke tuhumar da aka yi don wasa da shari'a. Addini bai ƙi ko ɗaya daga cikin waɗannan ba. Abin da ya haramta ceto a cikinsa shi ne haddi bayan ya isa gaban shugaba, kamar yadda ya faru da Safwanu ɗan Umayya, wanda ya so yafe wa ɓarawon mayafinsa bayan ya riga ya kawo shi gaban Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi. Amma haƙƙin mutum a kan mutum, ƙofar sulhu a buɗe take har ranar hukunci, har Shaihu Khalil ya ce alƙali ya umurci dangi da mutanen kirki da sulhu, haka nan in ya ji tsoron al'amari zai ƙazanta.

Sai dai a nan ne bambancin Kaduna da Gobir yake. Mai raƙumin dawa ya sami lauya da kuɗin hawa matakala huɗu har Abuja. Yaron kanti a Gatawa ko Turba ba shi da kuɗin motar zuwa Sakkwato, ga hanyar kuma kowa ya san halin da ta shiga. Saboda haka a irin wannan wuri, in ba a kashe ƙarar banza a ƙofar farko ba, to ba za a taɓa kashe ta ba. Nauyin yana wuyan wanda ya fara saurare.

Kuma a wace ƙasa ake ɓata lokacin hukuma da rigimar buhun wake? Ƙasar da a watan Mayu 2020 'yan bindiga suka kashe mutum fiye da 70 a ƙauyukan Sabon Birni a yini guda. Ƙasar da a 2021 aka katse layukan waya aka rufe kasuwanni saboda tsaro, kuma a watan Disamba na shekarar aka ƙone matafiya cikin mota. Ƙasar da a 2024 aka sace Sarkin Gobir na Gatawa, Alhaji Isa Muhammad Bawa, ya rasu a hannun ɓarayin daji a watan Agusta, Allah Ya jiƙansa da rahama. Ɗan sandan da aka aika ya kamo yaron Alhaji, an ɗauke shi ne daga wani aikin da ya fi wannan bukatarsa. Ban da haka, saurayin da ubangidansa ya sa aka tsare shi a kan abin da bai ci ba, ya fito ba aiki, ba mai sake ba shi amana a kasuwar garinsu ko ta Shinkafi, ba mai ba shi 'ya, ina muke so ya nufa? Ba mu ce wannan ne tushen fitinar daji ba, amma mai hankali ba ya ƙara wa wuta itace.

Ba don tonon tsohon miki ba, yana da kyau mu tuna cewa kufan Alƙalawa, wadda ta faɗi a 1808, a wannan ƙasa yake. Daga cikin abubuwan da Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya soki mulkin zamaninsa da su cikin Kitabul Farƙ akwai cin dukiyar mutane da sunan hukunci da karɓar toshi a wurin shari'a. Ƙaninsa Malam Abdullahi ya rubuta Liya'ul Hukkam domin masu mulki da alƙalai su san iyakarsu. Idan jikokin ɓangarorin biyu suka wayi gari mai kuɗi yana sayen ɗaki a caji ofis ya ajiye bararsa, to ba wanda zai yi wa wani gori.

Ma'aikatan gwamnati kada su ce maganar 'yan kasuwa ce. A ofis ma ana yi: akawu ya ɗaga murya ga shugabansa sai a ce ya yi barazana, masinja ya ɓatar da fayil sai a ce sata, an yi cacar baki a kan man janareto sai ga sammaci. Alhali kuwa aikin gwamnati yana da nasa matakan horo: a ba mutum takardar tuhuma ya kare kansa, a kafa kwamiti, a kai ga hukumar kula da ma'aikata. Akwai Hukumar Sauraren Koke-koken Jama'a tun 1975, kuma gyaran Tsarin Mulki na 2010 ya keɓe wa Kotun Ma'aikata ta Ƙasa rigingimun aiki. Ga masu kanti da kamfani, Dokar Ƙwadago ta 1974 ta hana yanke albashi yadda aka ga dama, ta kuma wajabta ba ma'aikaci sharuɗɗan aikinsa a rubuce cikin wata uku. Ma'aikacin da aka gurfanar da laifi kuwa, akan dakatar da shi a kan rabin albashi har a gama shari'a, wadda kan ɗauki shekaru. Watau tun kafin alƙali ya ce uffan, an riga an hukunta matarsa da 'ya'yansa.

Amma fa mu yi adalci, domin takobin nan kaifi biyu gare shi. Akwai yaran da ke ci da gaske, su sayar da kaya su ce an kwace a hanya, su fake da rashin tsaro. Wannan cin amana ne, kuma maigida yana da cikakken haƙƙin kai ƙara in yana da shaida. Akwai kuma dukiyar jama'a: ma'ajin da ya cinye albashin malaman makaranta ko kuɗin maganin asibiti ba ƙaramar rigimar ofis ya yi ba, kuma shugabansa ba shi da ikon yafe abin da ba nasa ba. Abin mamaki a nan shi ne yadda muka juya al'amarin, babba ya ci miliyoyi a ce a rufa asiri, ƙarami ya ɓatar da fitila a kira ɗan sanda. Haka nan dukan ma'aikaci har a ji masa ciwo, ko neman mace ma'aikaciya da lalata ta hanyar matsayi, ba a kiransu saɓani. Sulhun da aka tilasta wa mai rauni ya sa hannu yana cikin tsare kuwa, ba sulhu ba ne, domin wasiƙar Umar ga Abu Musal Ash'ari, wadda ta halatta sulhu tsakanin Musulmi, ita ce kuma ta fitar da sulhun da ya halatta haram.

Mafi yawan waɗannan rigingimu da ba su taso ba in da an bi umurnin aya ta 282 ta Suratul Baƙara, wadda ita ce mafi tsawo cikin Alƙur'ani, kuma a kan rubuta bashi da kafa shaidu ta sauka. Amma mu a nan maigida yana ganin rubutu tsakaninsa da yaronsa raini ne, sai ranar da aka ɓata a rasa abin dubawa. Aya ta 280 kuma ta yi umurni da jinkirta wa wanda ke cikin ƙunci.

Yaron da muka fara da labarinsa, daga baya shugaban 'yan kasuwar garin da limami suka sa baki, aka zauna a zaure, aka kawo littafin da ya yi ta roƙo a kawo, da dillalin da suka yi hulɗa da shi a ƙetare. Aka bi lissafi kwabo-kwabo, aka ga giɓin ya tafi ne ga abincin dabbobi da kuɗin ajiya da faɗuwar canji. Alhaji ya je ya janye ƙararsa, ya ce a yi haƙuri, sharrin Shaiɗan ne. Kuɗin tumakin tsohuwar dai har yau ba a mayar ba, shi kuma yaron ya tattara ya koma Maraɗi, yana tsaron kantin wani.